Gawon da Na Nuna wa Batone

Na daɗe ina koya wa yara tarihi a kwalejin Dogon Dutsi, kuma cikin abin da nake koyarwa har da daular Asante, mutanen Kumasi, waɗanda kakanninmu 'yan fataucin goro suke kira Tonawa. Kowace shekara nakan rubuta a allo cewa Tonawa ta wajen uwa suke lissafin dangi. Yara su kwafa, in tambaye su a jarrabawa, su amsa, mu taru mu manta sai wata shekara. Ban taɓa zama na tambayi kaina abin da wannan magana take nufi ga mutum mai ciki da baki ba, sai ranar da wani ya sauka a tasha da jakarsa da akwatin kayan kafinta, ya ce mushe, wato malamin boko, mai koyar da tarihi yake nema.

Ɗan gwaggona ne, wato taubashina, ko da yake ban taɓa sa shi a ido ba. Su uku kakanmu ya haifa da suka rayu. Akwai Baba Babba, wanda har lokacin shi ne mai gida a ƙauyenmu na gefen Matankari, sai mahaifina, Allah ya jiƙansa, sai autarsu mace. Autar ta bi mijinta na fari zuwa Kurmi tun ina goye. Mijin ya mutu a can, ita kuma maimakon ta dawo gida sai ta auri wani Batone manomin koko. An ce ya musulunta kafin a ɗaura auren, amma gidanmu bai taɓa yafe mata ba. In an ambace ta sai Baba Babba ya ce “waccan ta Kurmi”, ya tofar da tukar goro, goron da sau da yawa ita ce ta aiko da shi.

Baƙon nawa gajere ne kakkaura, ya ba arba'in baya, fuskarsa sumul babu zane ko ɗaya, Hausarsa kuma irin ta zangon Kumasi, wadda ta sha ruwan wasu harsuna. Bayan ya ci tuwo ya ba ni labari. Uwarsa ta rasu, an binne ta a can. Ubansa ya riga ta, kuma gonar kokon da shi ɗin ya girma yana nomawa, ɗan 'yar'uwar uban ne ya gaje ta, har da gidan. Ni har na gyara zama zan taya shi tsine wa azzalumai, sai na ga ko a jikinsa. Ya faɗa mini zancen kamar mai cewa kasuwa ta tashi. A wurinsu, in ji shi, jini na uwa ne. Ubansa ɗan dangin Bretuo ne, masu damisa, shi kuwa ba damisa ba ne tunda ba damisa ta haife shi ba. 'Ya'yansa ma suna can da uwarsu, 'yan dangin Asona ne masu hankaka, kawunsu zai ji da su. Shi kaɗai ne a duk Kumasi ba shi da dangin da zai kira nasa. Dattawan gidan ubansa sun yi masa magana cikin mutunci, suka ce ya je wurin kawunsa, can ne hakkinsa yake. To ga shi ya zo. Yana faɗa yana murmushi, irin na wanda ya sha doguwar tafiya ya ga ƙofar gida.

Daga nan ya shiga zancen gawo. Ya ce uwarsa ba ta yin mako ba ta ambaci gonar ubanta da ke cikin fadama ba, da wani gawo da ke tsakiyarta, wanda ya rabu biyu tun daga ƙugu, da kogo a tsakanin rassan inda take ɓoye goran furarta don kada yayyenta maza su shanye. Abin da yake so ke nan, a yanka masa wuri a gindin gawon nan ya noma, ya san shi ma ɗan wani wuri ne.

Ruwan da nake sha ya sarƙe ni. Gawon nan a cikin gonata yake. Da aka raba gonar kakanmu gida biyu, ɓangaren gawon ya faɗa wa mahaifina, daga shi ya zo hannuna. Duk wanda ya taɓa riƙe hauya ya san abin da gawo yake nufi a gona: da damina ya zubar da ganye ya bar wa hatsi rana, da rani dabbobi su kwanta a inuwarsa su bar taki. Hatsin da ke fita a gindinsa shi ne rabin abin da nake ci da iyalina, tunda albashin mushe ba ya kai mutum ƙarshen wata. Da na gama tari sai na ce masa ai gawo da yawa a ƙasarmu ta Arewa, za a bincika.

A ranar ya kamata in zaunar da shi in gaya masa yadda abin yake a nan. Na fi kowa ganin ramin da ya faɗa. Can ɗa na uwa ne, nan ɗa na uba ne, shi kuwa uwarsa ta nan, ubansa na can, don haka kowane gefe yana da hujjar tura shi ɗayan. Da gwaggo ce Batoniya, ubansa Ba'are, ɗan Arewa irinmu, da ya ci gado biyu. Na yi wannan tunani har ya burge ni, na ce wannan zai yi kyau a jarrabawa. Amma bakina ban buɗe ba. Ran Asabar na goya shi a babur muka nufi ƙauye.

Baba Babba mutum ne da ba ya iya tambayarka lafiyar akuya ba tare da ya bi ta kan asalinsa ba. Yana da zanenmu na Arawa biyu daga gefen baki har kunne, masu faɗi, yana shafa su in yana magana kamar mai duba ko suna nan. Yana ƙirga iyayensa maza goma sha biyu a jere har ya dangana da Barno, ba ya numfashi. Ya je Makka sau ɗaya, kuma bai bari kowa ya manta ba. Na zaci zai kori ɗan “waccan ta Kurmi” tun daga zaure. Amma taubashina ya tuɓe takalmi tun daga nesa, ya durƙusa har ƙasa, ya kira shi Kawu da wata irin murya da 'ya'yan cikinsa ba su taɓa kiransa da ita ba, sannan ya kwance kaya: goro mai yawa, bargon saƙi mai launi, takalman fata, atamfa ta matan gida. Baba ya dubi kayan, ya dubi mai kayan, nan take ya gano goshin kakanmu a fuskarsa. Ya ce jini ba ya ɓuya, a share masa ɗaki.

Ranin nan gidanmu ya ga gyaran da bai taɓa gani ba. Batone, don haka kowa ya koma kiransa, ya sake rufin zaure, ya yi wa rumbuna murfi, ya fara bin ɗakuna yana cire tsofaffin ƙyaure yana sa ƙofofin katako masu sakata. Da ƙafar Baba ta kumbura shi ya kawo shi wurin likita a Dogon Dutsi, shi ya goya shi daga mota zuwa ɗakin gwaji. 'Ya'yan Baba maza bakwai ne. Uku suna ci-rani, huɗu suna gida suna taya inuwa zama. Batone bai taɓa karɓar ladan aikinsa ba, kuma dalilinsa ba ɓoyayye ba ne. A ƙasarsu ɗan 'yar'uwa shi ne magajin kawu, to mutum yana karɓar lada don ya gyara abin da zai zama nasa? Har faɗa ya taɓa yi wa babban ɗan Baba don ya bar gara ta ci azarar turke. Ɗan Baban ya ba shi haƙuri, ya zagaya bayan gida ya yi dariya har da riƙe ciki.

Kowa a ƙauyen ya san abin da Batone yake zato. Babu wanda ya gaya masa gaskiya, saboda akwai sauran ƙofa uku da ba a sa ba.

Da yamma, bayan la'asar, shi ne abin kallon majalisa. Sai a zuga shi a ce ya ba da labarin dangoginsu, shi kuwa ya ɗauka tambayar neman sani ce, ya gyara zama. Ya ce dangi takwas ne a duk ƙasar Akan, wato Tonawa da 'yan'uwansu, kuma ba gari ne ya raba su ba. Ɗan hankaka in ya yi tafiyar kwana goma ya sauka inda bai san kowa ba, sai ya nemi gidan hankaki, su ba shi masauki, in ya mutu su binne shi, amma ba zai auri 'yarsu ba don ƙanwarsa ce. Ya ce sarakunan Kumasi daga dangin Oyoko suke fitowa, masu shaho, kuma tsohuwa ce, uwar dangi, take nuna wanda za a naɗa. A nan wani ya ce shi ya sa ƙasar ta lalace, alhali ko Gaya ta nan bakin iyaka bai taɓa wucewa ba. Batone ya ce wasu dangogin suna cewa daga rami kakanninsu suka fito, su kuma Aduana kare ne ya shige musu gaba da garwashin wuta a baki, shi ya sa har yau suke girmama kare. Akwai masu aku, akwai masu ɓauna, akwai masu jemage. Da ya zo kan Asakyiri masu ungulu sai majalisa ta kece. Aka yi mako ana kiran wani mai sanƙo ɗan Asakyiri, shi kuma yana zagin uwar duk wanda ya faɗa.

Ni ma na yi dariyar, ba zan ɓoye ba. Amma ina dariya ina sane da cewa mu 'yan gidanmu ba ma cin damo, ba ma kashe shi, saboda an ce damo ne ya nuna wa kakan kakanmu ruwa lokacin da ƙishi ya kusa kashe shi. Ina sane da doguwar da ke cikin tsamiyar bayan gari, aljanar da ke tsaron gidanmu, da baƙar akuyar Baba da takan ɓata kowace shekara gab da shuka, kuma kullum ta wajen tsamiyar take ɓata. Alhaji guda, ba ya taɓa cigiyarta. Wata rana Batone ya kama damo zai gasa, mata suka yi ca a kansa, da aka yi masa bayani sai fuskarsa ta washe. Ya je ya sami Baba da murnarsa ya ce ashe mu dangin damo ne, ya sami nasa.

Baba ya yini bai yi masa magana ba. Da ya huce ya kira shi ya ce nasu na Tonawa arnanci ne, namu kuwa tarihi ne, kuma bari ya ji asali na gaske. Ya ba shi labarin da kowane Ba'are ya sha da nono: yadda wani ɗan sarkin Barno ya iso ƙasar nan da mayaƙansa, ya tarar da Gubawa masu ƙasa, suka sauke shi, suka ba shi 'yarsu, ya koma gabas ya bar ta da ciki, ta haifi namiji, daga wannan yaro sarautar Arewa ta fito, mu kuma daga ita. Batone ya saurara da kunne biyu. Ya roƙi a maimaita masa, Baba kuwa abin nema ya samu, ya maimaita masa ya fi sau goma kafin ranin ya ƙare.

Duk wannan lokaci bai bar ni na huta da zancen gawo ba. Duk Asabar in na zo sai ya tambaya. Da na gaji da ce masa ana bincike, na goya shi a babur, na bi da shi ta hanyar da ba ta ratsa gonata ba, na kai shi wata jigawa da babu mai nomawa, inda wani tsohon gawo yake tsaye shi kaɗai. Yana da reshe biyu in mutum ya so ya ga biyu. Na ce ga shi nan, shekaru ne suka sauya shi, kogon ma ya toshe. Ya sauka ya zagaya shi, ya dafa ɓawon, sannan ya ɗaga hannu ya yi wa uwarsa fatiha, ni ma na shafa. Kunya ta kama ni sosai a wurin, har na kasa dubansa. Kafin mu iso gari ta sake ni.

Da hadari ya fara haɗuwa a gabas, mutane suka fito da sungumi suna gyara ƙota, aka sa ƙofa ta ƙarshe a ɗakin Baba. Washegari Batone ya durƙusa ya tambayi kawunsa ta ina zai fara shuka. Baba ya ce wannan magana ce ta manya, a bari mushe ya zo. Ran Asabar da hantsi muka taru a zauren da Batone ya rufa, ni da Baba da 'ya'yansa huɗu da limamin gari. Baba ya fara daga Barno kamar kullum, ya gangaro a hankali, sai da rana ta take tsaka ya iso inda ake jira.

Ya ce, “Kai ɗan mace na. Ɗan mace baƙo na mai daraja, shi ci, shi sha, shi kwana, ba mai ce mishi tashi. Amma ba shi gadon gona. Gonakka tana gidan ubanka.”

Batone ya dube shi kamar bai ji Hausar ba. Ya ce, “Kawu, ai gidan ubana ne suka turo ni nan.”

Ɗaya daga cikin 'ya'yan Baba ya yi dariya ta hanci, babu wanda ya taya shi. Liman ya yi gyaran murya ya ce, a hankali, a littafi dai 'ya mace tana da rabin rabon namiji, kuma in ta mutu ɗanta yana gadonta. Baba ya juya ya ce masa gonar nan an raba ta tun shi liman yana yawo ba wando, bisa al'adar da aka tarar, kuma ba a taɓa yanka wa mace ƙasa a gidan nan ta kai wa wani ƙato ba. Haka Baba yake. In zancen karen Tonawa ne sai ya jawo addini, in zancen gona ne sai ya jawo al'ada, kowanne yana rataye kusa da hannunsa. Liman kuwa gonar aro yake nomawa, kuma ta Baba ce. Ya sunkuyar da kai ya shiga jan carbi.

Ban taɓa zaton Batone zai iya gardama ba, amma ya yi, kuma da ladabinsa. Ya tambayi Baba ko ɗan sarkin Barnon nan ya taho da gona a bayan doki. Baba ya ce wane irin zance ne wannan, ƙasa ai ta Gubawa ce. Ya tambaya, to yaron da aka haifa bayan uban ya tafi, wa ya riƙe shi, wa ya ba shi wurin zama? Baba ya buɗe baki da ƙarfinsa ya ce dangin uwarsa mana, sai kuma ya ji abin da ya faɗa.

Batone ya ce, “To Kawu, ashe duk Arewa ɗan mace ne ya kafa ta. Abin da aka yi masa nake roƙo a yi mini.”

Na yi shekara da shekaru ina koyar da wannan labari, Baba ya shekara saba'in yana ba da shi, babu wanda ya taɓa juya shi ta wannan gefe sai kafinta daga Kumasi. Zanen fuskar Baba har rawa yake yi. Ya buga sanda a ƙasa ya ce, “Wancan sarauta ta, wanga gona ta. Kak ka haɗa min su.”

Sai Batone ya juyo wurina. Ya ce taubashi, kai ka yi karatu, ka san nasu ka san namu, ka faɗi gaskiya. Duk zauren ya zuba mini ido. Abin da ake jayayya a kai, wato rabon gwaggo, rabinsa yana hannun Baba, rabinsa yana hannuna, kuma da na ce na ba da nawa da magana ta ƙare a wurin. Maimakon haka na yi lacca. Na ce kowace al'umma da tsarinta, na kawo Faransanci na yayyafa, na yi bayanin yadda ƙasa take ƙaranci mutane suna yawa, na ce lamarin yana buƙatar nazari. Na yi magana mai tsawo ban ce komai ba, sana'ata ce, na iya. Baba ya gyaɗa kai ya ce kun ji abin da boko ya ce.

Batone bai yi fushi ba, abin da ya fi ba ni haushi ke nan, don da ya zage mu da na sami abin riƙewa. Sai ya ce yana da tambaya ɗaya. Uwar uwarsa, wato matar da ta haifi Baba, daga ina aka auro ta? Baba ya ce daga wani ƙauye wajen Kiéché, ya faɗi sunan ubanta. Batone ya ce ba uban yake tambaya ba, uwarta fa, da 'yan'uwanta mata? Mutumin da yake ƙirga maza goma sha biyu har Barno ba ya numfashi ya tsaya yana kallon rufin zaure. Bai san sunan kakarsa ta wajen uwa ba. Ni ma ban sani ba, kuma ni ne mai tarihi. A ƙarshe Baba ya ce mata ba a ƙirga su, ya nemi buta.

Washegari Batone ya ɗauki akwatinsa ya hau babur ɗin kabu-kabu ya nufi Kiéché. Daga baya na ji yadda ya yi. Bai je fada ba, bai nemi dattawa ba. Bakin rijiyoyi ya riƙa bi yana tambayar tsofaffin mata, wannan ta tura shi wurin waccan, har kwana uku. A ƙarshe ya sami wata tsohuwa da ido ya kusa mutuwa, 'yar ƙanwar kakarmu. Ta tuna gwaggo sarai, ta ce tare suka yi tallar gyaɗa suna yara. Ta shafa fuskarsa, ta yi kuka, ta yi masa faɗan rashin zuwa da wuri kamar jiya ya bar gida. Tana da gamana, 'yar gonar nan da ake yanka wa matar aure ta riƙa nomawa, wadda dangin mijinta suka bar mata bayan ya mutu. Ta ce ita ƙarfinta ya ƙare, ya je ya noma. Amma ta gaya masa gaskiya tun a ranar, abin da mu maza muka kasa yi rani guda: ƙasar ba tata ba ce, ranar da ta mutu masu ita za su karɓe abinsu.

Haka ya kama shago a Dogon Dutsi yana aikin kafinta, da damina yana zuwa gamanar tsohuwa. Ni kuwa na koma bin wata hanya zuwa lakwal, wato makaranta, don kada in ratsa ta ƙofar shagon.

Da kaka ta yi, sai ga shi a ƙauyenmu da damin hatsi ɗaure a bayan kabu-kabu. Ya sauke shi a gaban Baba ya durƙusa, ya ce na farko ne, kuma na farko na kawu ne. Na so a ce Baba ya ji nauyi ya mayar masa. Ina! Ya zare zangarniya ɗaya, ya juya ta, ya ce ba ta yi tsawo ba amma ba laifi, a kai rumbu. Rumbun da murfinsa ma Batone ne ya yi. Majalisa ta sami abin taunawa na wata guda, wasu suna cewa wawa ne, wasu suna cewa asiri ne ya kawo a cikin damin.

Ranar ina gonata ana ɗaurin dami, ina zaune a gindin gawo, ya fara tofo ke nan. Sai na hango shi yana ratso karan hatsi da ƙafa. Babu inda zan gudu. Ya yi sallama, ya yi mini barka da kaka, ya yaba hatsin. Sannan ya wuce ni ya je jikin itacen, ya miƙa hannu tsakanin rassan biyu ya zura shi cikin kogon, bai ko lalluba ba. Ya ce tun makonsa na farko a ƙauyen ya zagaya fadama shi kaɗai ya gan shi, yadda uwarsa ta faɗa haka yake.

Abin da na iya tambaya kawai shi ne, to don me ya yi fatiha a wancan na jigawa?

Ya ce, “Kai ka kai ni, taubashi. Ban so ka ji kunya ba. Fatiha kuwa ko daga ina tana isa.”

Ya roƙe ni abu ɗaya, kada in bari makiyaya su sassare rassan. Ni kuwa a wannan lokaci zuciyata ta karye da gaske, hawaye ya cika mini ido, na rantse masa cewa baɗi kafin ruwa ya sauka zan yanka masa daga gindin gawon har bakin hanya. Ya ce to, Allah ya kai mu, ya taya mu ɗaure dami biyu ya tafi.

Baba Babba ya rasu tun tuni, 'ya'yansa bakwai sun yayyanka gonarsa har ta koma kamar tabarmi, biyu daga cikinsu ba sa gaisawa. Ni har yanzu ina rubuta wa yara a allo cewa Tonawa ta wajen uwa suke lissafin dangi, sai dai ina saurin gogewa. Batone yana nan a shagonsa, furfura ta fito masa, in mun haɗu yakan tsokane ni irin na taubasai, bai taɓa tuna mini rantsuwata ba. Kowace shekara nakan ce bana zan cika, kowace shekara kuma ruwa yakan riga ni sauka, in ce tunda an yi shuka a bari sai baɗi. Ai ba matsuwa ya yi ba, yana da gamanar tsohuwa.

Tsohuwar tana nan da ranta, ta tsufa tukuf, sai an ɗaga ta an kwantar. Duk wanda ya fito daga wajen Kiéché sai na tare shi na tambayi jikinta, in an ce tana tari in aika da magani da sukari. Mutane suna yaba mini zumunci. A duk Arewa babu wanda ya kai ni yi mata addu'ar tsawon rai.